Tekun da ke Ƙarƙashin Gidan Mai Famfo

Rana ta yi ja, ta sauko dab da rufin maƙwabta, lokacin da Mai Famfo ya turo babur ɗinsa cikin gida. Ya sauke jakar kayan aiki, ya zauna a kan benci yana cire takalman da suka jiƙe tun safe. Matarsa na kicin. Mahaifiyarsa, wadda kowa a gidan ke kira Inna, na zaune a ƙofar ɗakinta tana jan carbi. Auta kuwa, 'yarsu ta ƙarshe, wadda ita kaɗai ta rage musu tun da yayyenta suka kama gabansu, tana durƙushe a bakin famfo tana wanke rigar makaranta.

"Ƙawata, sabulun nan fa ba gadonki ba ne," in ji Inna.

"Inna, ke da ba kya ganin kafar allura, a ina kika ga sabulu?"

Inna ta buɗe baki za ta rama, sai dutse ya faɗo a kan kwanon rufi. Ƙarar ta cika gidan. Wani ya biyo baya, wani kuma ya biyo shi.

Mai Famfo ya fita da takalmi ɗaya a ƙafa, yana shirin kama ɗan wani ya murɗe masa kunne. Layin shiru, ko akuya babu. Da ya dawo, ya tarar ɗaya daga cikin duwatsun ya gangaro tsakar gida. Ya ɗauka. Dutsen sumul yake, jiƙe, sanyi ƙalau, yana warin gishiri, kuma da ya rufe shi da tafin hannu sai ya ga wani ɗan haske fari yana fita ta tsakanin yatsunsa.

"Baban Auta," matarsa ta kira shi daga ƙofar kicin, da wata murya da bai san ta da ita ba. "Dubi yarinyar nan."

Auta na tsaye ƙiƙam, rigar a hannunta, idanunta a buɗe ba sa ƙiftawa. Famfo na zuba a kan ƙafafunta, ruwan kuma yana haske kamar an narkar da wata a cikinsa. Ya kira ta, ya girgiza ta, ya rufe famfon, ruwan bai daina zuba ba. Haka ta tsaya har aka gama kiran sallar magariba, sannan ta sulale a jikinsa, ruwan ya ɗauke.

Da ta farfaɗo, ta daɗe tana kallon fuskokinsu ɗaya bayan ɗaya.

"Baba," ta ce a hankali, "me ya sa kuka daɗe haka ba ku zo ba?"

Uwar ce ta fara lura. Ta kama hannun yarinyar ta nuna masa. Farcen da ta yanke mata da safe ya yi zaƙo-zaƙo, kitson da ta yi mata jiya ya tsufa ya tashi.

Mai Famfo mutum ne da ya yi imani cewa duk abin da ya lalace yana da inda ya lalace. Rabin rayuwarsa ya yi yana bin yoyo a bangon mutane, bai taɓa barin aiki ya gagare shi ba. Ruwa ba ya tsami banza, in ji shi. Washegari ya ƙi fita aiki, ya zubar da ruwan tanki, ya shiga ciki ya goge shi tas, ya kwance bututun gidan gaɓa-gaɓa ya jera su a rana yana leƙa cikin kowanne. Bai sami komai ba sai ɗan tsatsa. Ya mayar, ya ɗaure, ya wanke hannu yana cewa an gama.

Da rana ta yi ja, duwatsu suka dawo. Ya riga ya kulle Auta a ɗakin uwarta, nesa da kowane famfo, amma ruwan ya tsattsafo ta ƙarƙashin tabarma yana haske, ya same ta a inda take.

Haka abin ya zama na kullum. Kowace magariba sai ta tafi, ta bar musu jikinta a tsaye, ta dawo bayan ɗan lokacin da bai fi na alwala da salla ba. Kowace dawowa kuma sai an ga wani abu ya ƙaru. Rigunanta suka ɗage, takalmanta suka matse. Muryarta ta bar ta yara. Uwar ta fara ba ta nata kayan tana kuka a ɓoye.

Ya kai ta asibiti. Matar da ke karɓar marasa lafiya ta tambayi shekarunta, ya faɗa. Ta ɗago ta dubi Auta, ta dube shi.

"Malam, ka ga layin da ke bayanka? Don Allah kada ka ɓata mana lokaci."

"Ni na haife ta. Ni zan gaya miki shekarunta ko ke za ki gaya min?"

Aka auna jini, aka haska kai, likita ya ce lafiyarta ƙalau, budurwa ce mai ƙoshin lafiya, a dai rage mata tunani. Mai Famfo ya fito yana huci, ya buga babur ya ƙi tashi, ya yi ta dukansa da ƙafa har mutane suka taru.

Gidan ma kansa ya rikice. Matarsa za ta ɗora tukunya ta yi ta jira ruwa ya ƙi tafasa, ta juya ta ɗauko murfi, ta tarar ya ƙone har gindin tukunyar ya yi baƙi. Wata safiya ya shiga banɗaki ɗauko sifanar da ya manta, ya fito ya ga inuwa ta koma gabas, ana kiran la'asar, wayarsa cike da kiran mutumin da ya yi wa alkawarin zuwa da sassafe. Me zai ce masa? Waɗanda suka saba ba shi aiki suka fara janyewa, ana cewa Mai Famfo ya lalace, ya koyi ƙarya da tsufansa. Maƙwabta kuwa kowa da tasa shawarar: wannan ya ce hayaƙi, wancan ya ce su tashi daga gidan, wata ta ce ai baki ne, ta ma san mai shi. Idan gidan ya yi shiru, mutum ya sa kunne a bakin famfo, sai ya ji motsin ruwa mai yawa yana tahowa yana komawa, da muryar mace can nesa tana kiran wani suna da harshen ɗan Adam ba zai iya maimaitawa ba.

Wata rana da hantsi ya sami Auta zaune a tsakar gida tana kallon inuwarta. Ya zauna kusa da ita. Yanzu ta kusa kai shi tsawo.

"Ina kike zuwa?" ya tambaye ta.

"Bakin teku, Baba."

"Wane teku? Garin nan ko kogin kirki babu."

"Ba irin wanda ake zanawa a littafin makaranta ba ne. Can babu rana, babu dare. Ruwan ne ke ba da haske, daga ƙasa yake haskowa, shi ya sa babu mai inuwa. Igiyar ruwa ɗaya takan taso daga nesa, kana kallonta tana tahowa, kafin ta iso bakin gaɓa yaron da ke wasa a yashi ya yi gemu. Waɗanda suka shiga can tsakiya kuma ba sa tsufa. Akwai wani jirgi da na tarar yana nutsewa ranar da aka fara kai ni, har yanzu bai gama nutsewa ba, mutanen ciki bakinsu a buɗe, ihun bai fito ba tukuna. Wata mata ce ke ajiye ni. Ba ta dukana. Takan zaunar da ni a gaɓa ta ce in jira, yadda ita ma take jira. In na ce ina son gida, sai ta ce ita ma."

"Kin daɗe a can?"

"Na manta muryar Mama sau biyu, Baba. Sai na dawo nake tunawa."

Ya tashi ya shiga ɗaki don kada ta ga fuskarsa. Inna ta biyo shi tana dogara sanda.

"Ɗan nan, na gaya maka tun farko, tun da ka rufe rijiyar nan ban ƙara samun barci mai daɗi ba."

Akwai wata tsohuwar rijiya a kusurwar gidan, wadda suka tarar lokacin da suka tare. Ruwanta ya daɗe da ƙafewa, sai sauro da tsoron kada jika ya faɗa. Kafin damina ya zuba mata kankare mai kauri, ya gina banɗaki a kai.

"Inna, don Allah ki bar ni da abin da ya dame ni. Ramin da babu ko ɗigon ruwa a ciki?"

"To, ai kai ne masanin ruwa."

Matarsa, wadda tun da aka fara abin ba ta ɗaga masa murya ba, ta tsaya a bakin ƙofa. "Baban Auta, komai sai ka sa masa sifana? 'Yata tana tsufa a gaban idona. Jiya na ga layi a goshinta. In ba za ka je ka kira Malam ba, wallahi ni zan yafa mayafi in je."

Ya je. Malamin tsoho ne siriri mai sanyin magana, wanda ya ƙarar da ƙuruciyarsa a neman ilimi, mutane na kawo masa waɗanda iska ta taɓa. Ya saurari labarin har ƙarshe bai katse shi ba, ya biyo shi gida bayan la'asar, ya nemi tabarma ya zauna a tsakar gida.

"Malam, ba za a fara ba?"

"Mai gidan da za mu yi magana da shi bai zo ba tukuna."

Mai Famfo ya yi ta kai da kawowa kamar kazar da ke neman wurin ƙwai. Inuwar katanga ta miƙe ta rufe tsakar gida. Tsuntsaye suka yi shiru. Sannan dutse ya faɗo a kan kwano.

Auta ta miƙe tsaye, ruwa mai haske ya kewaye ƙafafunta. Malam ya matso, ya fara karatu, ba da ƙarfi ba, bai kuma yi sauri ba. Ya daɗe yana yi. Jikin yarinyar ya fara rawa, ta toshe kunnuwa, ta durƙushe, sannan wata murya ta fito daga bakinta, muryar tsohuwa, mai kauri, kamar ana magana daga cikin tulu.

"Ya isa. Kana ƙona ni."

"Wace ce ke?" in ji Malam.

"Uwa ce."

"Me yarinyar nan ta yi miki?"

"Ba ta yi min komai ba. Ubanta za ka tambaya." Idanun Auta suka juyo kan Mai Famfo, babu alamar sani a cikinsu. "Ramin da ke kusurwar can ƙofarmu ce tun kafin a kafa tubalin farko a nan. Ɗana ƙarami yakan hau ta nan da magariba, don yana son ganin yadda rana ke faɗuwa, mu ba mu da ita. Ranar ya hau, wannan mutum ya zuba dutse a kansa. Nauyin ya toshe ramin sama da ƙasa. Yana nan a tsakiya, a cikin duhu, shi da bai taɓa sanin duhu ba. Na yi jifa, ba ku ji ba. Na yi kira ta bututunku, ya kwance su ya shanya a rana."

"Ina na sani?" Mai Famfo ya daka tsawa. "Rami ne a gidana! Wa ya gaya min? Da kin yi magana!"

"Da wane baki? Sai da na ari na 'yarka kuka saurare ni."

Malam ya ɗaga masa hannu, ya juya ga Auta. "Baiwar Allah, an zalunce ki ba da sani ba, ke kuma kin yi zalunci da saninki. Ki saki yarinya, a buɗe miki ramin."

"A buɗe tukuna. In ga ɗana, in kai shi gida, in tabbatar lafiyarsa ƙalau, sannan in sake ta."

"Kafin ki yi duk wannan a lissafinku, mu nan yarinya ta yi furfura. Ban yarda ba." Malam ya ci gaba da karatu. Muryar ta yi ƙara har kwanon rufi ya amsa.

"Tsaya! To, hannu da hannu. Yana taka ƙofa ina sakinta. Amma ramin ba za a ƙara rufe shi ba har abada."

Malam ya ce, "Za a yi masa murfin katako, ba siminti ba. Ke kuma ki rantse da wanda ya halicce mu da ku cewa daga ke har zuriyarki ba mai ƙara hawowa gidan nan."

Sannan ta rantse.

"Saura abu ɗaya," in ji Mai Famfo. "Shekarunta. Yarinya kika ɗauka. Yarinya za ki mayar min."

"Ba ni na ci su ba, teku ne. Abin da igiyar ruwa ta ja ba ya dawowa gaɓa. Ni wa zai biya ni nawa? Kai ka yi 'yan makonni kana jira har ka fara dukan abin hawanka. Ni na binne mijina ina jiran yaron nan." Kan Auta ya karkata kamar mai sauraron wani abu. "Wata igiyar na tahowa, babba ce. In jan sama ya ɓace ba ka buɗe ba, za ta same ta a gaɓa. Ba ni da ikon tsayar da ita."

Mai Famfo ya ɗauko babbar guduma ya faɗa banɗakin. Ya fasa tayil, ya kai ga kankaren, gudumar ta yi tsalle ta dawo masa. Duk unguwar an san shi da alfaharin cewa ba ya ha'incin siminti, kuma a nan, da yake gidansa ne, har rodi ya saƙa a ciki. Ya yi ta duka yana zagin hannun da ya kwaɓa shi. Tafinsa ya fashe, ƙotar ta jiƙe da jini. Matarsa na tsaye a ƙofa, ido ɗaya a kansa, ɗaya a sama, tana cewa, "Yana dushewa, Baban Auta, yana dushewa." Har Inna ta durƙusa tana kwashe ɓaraguzai da hannu. Malam bai daina karatu ba.

Jan sama ya rage kamar zare lokacin da wani gutsure ya rufta ciki. Haske fari ya taso ta ramin ya bugi rufin, iska mai sanyi da warin gishiri ta biyo shi.

"Ku juya baya," in ji Malam. "Kada wanda ya waiwaya."

Suka juya. A bayansu suka ji wani ɗan kuka siriri, irin na yaron da ya gaji da kuka, sannan muryar tsohuwar ta kira sunan nan, wannan karon a hankali. Aka ji motsin ruwa mai yawa yana ja da baya, yana nisa, yana nisa, har ya ɓace. Gidan ya yi duhu irin na kowane gida. Auta ta yi atishawa, ta yi salati da muryarta.

Tun daga ranar ba a ƙara jifa ba, tukunya na tafasa a kan lokacinta. Amma Autar da ta dawo musu cikakkiyar mace ce, wadda in an jera ta da babbar yayarta ba za a san wace ce gaba ba. Uban ya kai ta makaranta, suka ce ba su san wannan ba, a kawo musu yarinyar da suka sani. Ƙawayenta suka zo dubiya, suka gaishe ta a ladabce kamar sun ga malamarsu, suka fice. Mai Famfo ya koma wurin Malam ya tambaye shi inda ake kai ƙarar irin wannan.

"Akwai ranar da za a saurare ta," in ji Malam. "Ba a nan ba ne."

Ya dawo gida da fushinsa, bai sami wanda zai sauke wa ba. Ya daina yawan magana. In Auta ta kawo masa ruwa, sai ya karɓa yana kallon ƙasa, don bai san yadda ake kallon 'yar da aka raine ta a bayan idonsa ba.

Wata safiya yana ɗaura jaka a babur, ta fito ta tsaya a gabansa.

"Baba, ka ce in na ci jarrabawa za ka koya min keke."

"Ai ba ki yi jarrabawar ba."

"Ba laifina ba ne."

Ya daɗe yana kallon igiyar da ke hannunsa. Sannan ya kwance jakar, ya shiga maƙwabta ya aro keke.

Masu shaguna a layin suka ga dattijo riƙe da sirdi, yana gudu a bayan babbar mace da ke tangal-tangal tana ihu kamar 'yar yarinya. Wani mai gyaran taya ya fashe da dariya, na kusa da shi suka taya shi. Mai Famfo ya tsayar da keken, ya juyo, duk abin da ya taru a cikinsa ya fito lokaci guda.

"Me kuke kallo? 'Yata ce! Auta ce! Wanda bai taɓa koya wa ɗansa keke ba ya fito ya yi dariya a gabana!"

Kowa ya sami abin yi.

Ya koma ya kama sirdin da hannunsa mai bandeji. Ta ɗora ƙafa a feda.

"Baba, kada ka saki."

"Tuƙa."

Ta tuƙa. Kafin su kai ƙarshen layi ta daidaita, keken na tafiya sumul, duk wanda ya gani ya san lokacin saki ya yi. Shi ma ya sani. Ya ci gaba da gudu a bayanta yana haki, har suka sha kwana, hannunsa na kan sirdin.